Godiya ga mutanen Kusseri da baƙinmu na Njamena

Assalamu alaikum. Alhamdu lillahi, mun haska gajeren fim ɗinmu daren Asabar, an kuma watse lafiya.

Godiya ta farko ga iyayenmu mata biyu da suka ɗauki nauyin labarin. Ga wanda bai samu zuwa ba: fim ɗin ya koma watan Fabrairun 2008 ne, lokacin da faɗa ya ɓarke a Njamena, jama'a suka yi ta tsallako gadar Ngeli da kogin Logon zuwa nan Kusseri ta Kamaru. Wata dattijuwa da ba ta jin komai sai Ngambai ta faɗo gidan Bahaushiya mai tuyar ƙosai. Babu Larabcin Shuwa tsakaninsu, babu Fillanci, balle Faransanci. A zahiri ma haka suke, ba sa jin juna, shi ya sa muka roƙi tafintanmu ya kame bakinsa da zarar an kunna kyamara. Malam, mun san ka sha haƙuri, Allah ya biya ka.

Hajiya, wurin nan da kika ga baƙuwa ta ƙi taɓa kwano, kika gutsuri ƙosai kika fara ci, sannan kika tura mata, ba mu muka rubuta shi ba. Ke kika kawo abinki. A ganina nan ne fim ɗin ya tsaya da ƙafarsa. Ita kuma Mama, da ta kwance bakin zane ta miƙo 'yan sefa, kika naɗe mata hannu kika mayar, fili ya yi tsit, har yaran da ke kan katanga.

An ja mu da gardama kan rashin rubuta fassara a ƙasan hoto. To ga shi Kotoko da Musgum da Barebari sun yi dariya a wuri ɗaya da mu.

Mun gode wa mai unguwa da ya ba mu fili, da mai janareton da ya ƙi karɓar kuɗin mai, da samarin da suka riƙe farin ƙyallen da iska ta so tafiya da shi. 'Yan'uwa da kuka tsallako daga Chadi kuka kwana saboda dare, Allah ya bar zumunci.

Masu tambayar YouTube ku ɗan dakata. Muna so mu gwada aika shi bikin fina-finai na Écrans Noirs da ake yi a Yawunde tukuna. Ku taya mu da addu'a.