Wasan Sarrafa Lokaci: Abin Da Tsara Dokokinsa Ya Koya Mini

Duk wanda ya zauna tsara dokokin wasa zai gano da wuri cewa agogo shi ne alƙali na biyu a fili. A watan Nuwamban 1950, a gasar ƙwallon kwando ta NBA a Amurka, Fort Wayne Pistons ta doke Minneapolis Lakers da ci 19 da 18, saboda 'yan wasa sun riƙe ƙwallo suna ta miƙa wa juna, suna jiran lokaci ya ƙare. A 1954 aka kawo dokar daƙiƙa 24: ko ka jefa ƙwallo kwando kafin su cika, ko a karɓe ta a ba abokan karawarka. Ƙwallon ƙafa ma ta sha irin wannan magani a 1992, lokacin da aka hana mai tsaron gida kama ƙwallon da ɗan ƙungiyarsa ya mayar masa da ƙafa, bayan ɓata lokacin da aka sha gani a gasar cin kofin duniya ta 1990.

Da wannan tarihi malaminmu ya fara, a kwas ɗin tsara wasanni da na yi, kafin ya raba mu rukuni-rukuni ya ba mu aiki: mu ƙirƙiro wasan ƙungiya na wani zamani mai zuwa, wanda 'yan wasa ke iya sarrafa lokaci kansa. Namu rukunin ya tsaya a kan mutum biyar-biyar, ƙwallo ɗaya, raga biyu. Kowace ƙungiya tana da taskar daƙiƙa 60 da za ta kashe ta hanya biyu: ta ninka saurin ɗan wasanta, ko ta mayar da filin gaba ɗaya baya da daƙiƙa biyar.

A kan tebur muka gwada shi. Faffaɗar takarda ce fili, murafun kwalba su ne 'yan wasa, kowane motsi daƙiƙa ɗaya ce, kuma bayan kowane motsi sai a ɗauki hoto da waya. Idan aka nemi komawa baya, sai a duba hoto na biyar a baya, a mayar da kowane murfi gurbinsa.

Ninka sauri bai ba mu wahala ba, domin kimiyya ta riga ta nuna hanya. Tun daga bayanin Einstein na 1905 aka san cewa lokaci ba ya tafiya daidai ga kowa. A 1971 masana kimiyya biyu, Hafele da Keating, sun zagaya duniya da agogunan atom a jirgin sama, suka dawo suka tarar sun saɓa da waɗanda aka bari a ƙasa. Agogunan taurarin ɗan'adam na GPS kuma suna riga na ƙasa da kusan kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana. Abin da muka ɗauka daga nan shi ne kowa da agogon jikinsa. Wanda aka ninka wa sauri, idan daƙiƙa goma suka wuce a fili, shi ashirin ya gudu, huhunsa da cinyoyinsa ashirin suka biya. Saurin ya zo da farashinsa a jiki, kuma nan take wasan ya samu dabara: wa za a ƙona yanzu, wa za a ajiye wa ƙarshe?

Komawa baya ce ta ci mana tuwo a ƙwarya. Da zarar an zura ƙwallo, sai ƙungiyar da aka ci ta taɓa taskarta ta goge ƙwallon. Na ga abokin aikina ya jera motsi masu kyau har raga, amma ko murmushi bai yi ba, ya zuba wa ɗaya ɓangaren ido kawai yana jira ya ga ko za su goge. Masu kallon ƙwallon ƙafa sun san wannan jiran tun da VAR, na'urar bidiyo mai taimaka wa alƙalin wasa, ta shiga gasar kofin duniya a Rasha a 2018, sai dai ita kuskure take nema, tamu kuwa gwaninta take sharewa. A nan na fahimci cewa murnar cin ƙwallo tana fitowa ne daga sanin cewa aikin gama ya gama. Sai muka kafa doka: ƙwallo na tsallake layi, bakin alƙalami ya bushe. Mai son komawa baya sai ya yi tun ƙwallo tana ƙafar ɗan wasan gaba, tun bai san ko za ta shiga ko za ta bi iska ba. Yanzu yana iya zubar da daƙiƙoƙinsa a kan harin da da ma ba zai haifar da komai ba.

Sai tambayar da ta fi daɗe mana a baki: idan an koma baya, wa ke tuna abin da ya faru? In kowa ya manta, abin da aka yi shi za a maimaita, an yi asarar taska a banza. In kowa ya tuna, yaudara ta mutu, domin ɗan baya ya riga ya ga inda za a yanke shi. Wata a cikinmu, wadda ba ta cika magana ba, ita ta kawo mafita: mutum ɗaya tak a kowace ƙungiya, mai riƙon agogo, shi kaɗai ke dawowa da tunaninsa. Daƙiƙa biyar gare shi ya yi wa 'yan uwansa ihu. Don mu gwada, sai muka riƙa fitar da masu motsa murafu daga ɗaki, a shigo da wasu da ba su ga komai ba, mai agogo ya ba su umarni da kalmomi uku kacal.

Wannan ne ya mayar da shi wasan ƙungiya na gaskiya, kuma shi ne sashen da na fi ƙauna. Ɗan baya yana ganin hatsari ƙiri-ƙiri a dama, mai agogo yana ce masa ya tafi hagu, ba hujja, ba lokacin bayani. Ƙungiyar da ta tsaya gardama ana cin ta. Ga shi kuma mai agogon ɗaya ɓangaren shi ma ya tuna, yana iya sauya harin, don haka umarnin da aka bi da zuciya ɗaya yana iya zama kuskure. Ko da hakan ta faru, dole a sake yarda da shi a karo na gaba, in ba haka ba taskar ba ta da amfani.

Abu ɗaya muka miƙa wa malamin a buɗe, wato matsayin 'yan kallo. Idan suna cikin da'irar da ake mayarwa baya, za su ga ɗan wasa ya juya hagu ba dalili. Idan suna waje, sun san abin da mutum takwas a fili ba su sani ba, kuma ihunsu kaɗai ya isa ya tona asiri. Rabinmu sun so a kewaye filin da gilashin da sauti ba ya ratsawa. Ni ina cikin waɗanda suka ƙi, domin na fi son a rage komawa baya zuwa daƙiƙa uku a bar 'yan wasa suna jin muryar jama'arsu.