Tele da salula a gidajen Damagaram: awa nawa, wane lokaci, kuma lambar dekoda a hannun wa take?

Duk wanda ya kwana a Birni ko Zango ya san ihun da yara ke yi idan kuran ya dawo bayan isha'i. Kafin fanka ta gama juyi na farko sun jeru a tabarma gaban tele. Iyaye da yawa abin da ke damunsu shi ne "me suke kallo?" Tambaya ce mai kyau, amma akwai wadda ta riga ta: awa nawa suke yi, kuma daga ina aka yanko awannin?

A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da ƙa'ida ga yara 'yan ƙasa da shekara 5. Wanda bai kai shekara 2 ba, kada a zaunar da shi gaban tele ko salula sam. Daga shekara 2 zuwa 4, kada ya wuce awa 1 a yini, in an rage ya fi. Dalilin yana cikin yadda yaro ke koyon magana. Jariri ya yi gwaranci, Inna ta amsa, ya kalli bakinta, ya sake gwadawa. Tele ba ta amsawa, ba ta jira. Abin da ya fi ɓoyuwa ma shi ne telen da ke kunne tun safe babu mai kallonta, ana wanke-wanke tana ta surutu. A irin wannan gida manya sukan rage magana da yaro ba tare da sun lura ba, shi kuma wasansa yana yankewa duk lokacin da kiɗa ya canza ya waiwaya. Masu kunna wa ɗan wata goma sha takwas katun don ya "kama Faransanci da wuri" ɓata lokaci suke yi, a wannan shekarun daga bakin mutum ake ɗaukar harshe. Idan yaro ya cika shekara 2 bai fara haɗa kalma biyu ba, irin su "Baba zo" ko "ba ni", a kashe tele, kuma a kai shi likita a duba har da kunnensa.

Ga 'yan lakwal kuwa, barci ne ke biyan bashin. Lissafin ba wuya. Yaro mai shekara 6 zuwa 12 yana buƙatar barcin awa 9 zuwa 12. Idan za a tashe shi ƙarfe 6 ya yi salla, ya taɓa karatun allo, ya karya, ya isa aji ƙarfe 8, to ƙarfe 9 na dare ya kamata a ce ya riga ya kwanta. Fim ɗin Indiya mai fassarar Hausa da aka saka ƙarfe tara da rabi ba zai ƙare kafin sha ɗaya ba. Bayan haka ma barcin ba ya zuwa nan take, domin hasken gilashi da dare yana jinkirta sinadarin melatonin da ke sanar da jiki lokacin barci ya yi, ga kuma zuciya na bugawa saboda faɗan da aka gani. Washegari malami ya ce yaron ba ya ganewa, alhali gyangyaɗi ne. A kashe komai awa guda kafin kwanciya. Wannan doka ɗaya ta fi wa'azi goma aiki.

Sai dekoda. A tashoshin Faransa da ke zuwa ta Canal+ akwai ƙaramar alama a kusurwar hoto: -10, -12, -16, -18. Ma'anarta shirin bai dace da wanda bai kai waɗannan shekarun ba. Cikin saitin dekoda akwai wurin kulle tasha da lamba huɗu. Inda ake faɗuwa shi ne, mai haɗa parabol yakan bar lambar da ta zo da na'urar, sau da yawa sifiri huɗu, kuma a gaban yara yake dannawa. A canza ta ranar da aka kafa, kada a sa shekarar haihuwar kowa. Masu parabol na kyauta aikinsu ya fi yawa, don tashoshi ɗaruruwa ke shigowa. A zauna da dare ɗaya a bi su, a goge na gogewa, a kulle na kullewa. Amma a sani, duk ranar da iska ta karkatar da faranti aka kira mai gyara ya sake neman tashoshi, waɗanda aka goge suna iya dawowa. Sai an sake bi.

A ganina tele ita ce mai sauƙin, tunda a tsakar gida take, kowa na ganin abin da ke ciki. Ɓarnar tana cikin salula da katin memori. Yaro ya kai kati wurin masu tura fina-finai a Kasuwar Dole ko bakin titi, a cika masa da abin da ke kwamfuta, waƙa da barkwanci da abin da ba ya faɗuwa duk a haɗe. Daga nan sai Xender, daga wannan waya zuwa waccan a fada ko a bayan aji, ba a buƙatar ko intanet. Don haka hana sayen data kaɗai ba ya toshe ƙofar. Babba ya je da kansa a tura, ya buɗe fayil ɗin ya duba kafin ya miƙa. In za a ba yaro YouTube, a kashe maɓallin da ke sa bidiyo na gaba ya fara da kansa, don shi ne ke mayar da minti goma ya zama awa biyu. TikTok da Facebook su kansu sun sa shekara 13 a matsayin mafi ƙarancin shekarun buɗe shafi. Da dare kuma wayoyi su kwana a caji a ɗakin Baba, har da ta yaya babba, in ba haka ba ƙannen ba za su ga adalci ba.

Kada a ɗauka kallo duka asara ne. A Nijar ma da karatu tele ta fara, a 1964, ana koyar da 'yan firamare ta cikinta. Bambancin shi ne akwai babba a gefe. Minti ashirin tare da Kaka tana tambaya "wa ya fara tsokana?" ko "kai da me za ka yi?" ya fi awa uku shi kaɗai. Ƙananan yara ba sa rarrabe talla da shiri, ba sa kuma gane cewa 'yan kokawar Amurka da ke jifan juna da kujera wasa ne tsararre, shi ya sa ake samun wanda ya gwada a kan ƙanensa. Sai an faɗa musu da baki.

Ranar da aka fara rage awanni za a sha kuka, kwana uku ko huɗu na farko sun fi zafi. Masu komawa gidan jiya galibi waɗanda suka kashe tele ne ba su tanadi komai a madadinta ba. A bar langa da ƙwallo su ci la'asar, a ba yaro aikin tsince wake ko ba awaki ruwa, bayan isha'i a ce "ga ta nan, ga ta nan ku" ko da Gizo ɗaya ne. Kuma kada a ce "in ka cinye tuwonka zan kunna maka", don daga ranar ba zai ƙara cin tuwo ba sai da telekomand a hannu.