Leonor Maia da sunan da ya bi ta har kabari

A Fotugal, idan ka ambaci Leonor Maia, ba kowa zai gane ba. Amma ka ce Tatão, sai dattawa su yi murmushi. Sunan budurwar da ta fito a matsayinta ke nan a O Pai Tirano, fim ɗin barkwanci na António Lopes Ribeiro da aka fara haskawa a Lisbon a 1941. Na ci karo da shi ne lokacin da nake karatun rubutun fim, aka ba ni aikin nazarin finafinan zamanin mulkin Salazar, tsohon shugaban kama-karya na Fotugal, kuma har yau ina cin moriyar abin da na tsinta a ciki.

Abin da ya fara ɗaukar hankalina shi ne yadda aka gina yarinyar. Tatão tana sayar da turare a wani kanti a unguwar Chiado. Chico, wanda Ribeirinho ya fito a matsayinsa, yaron shago ne a babban kantin Grandella, yana mutuwar sonta, ita kuwa ko kallo bai ishe ta ba. Ita silima take so da samari masu ƙyale-ƙyale, shi kuma ɗan wasan daɓe ne a ƙungiyar ma'aikatan kantinsu. Wata rana ta laɓe ta ji suna gwajin wasa, ta ɗauka da gaske ne Chico ɗan manyan gida ne, nan take ta sauya fuska. Kwaɗayi ƙiri-ƙiri! Duk da haka mai kallo ba ya jin haushinta, domin ya san irinta a layinsu. Daga nan na daina rubuta budurwar da aikinta kawai a so ta. Yanzu kafin in ba mace layi ɗaya, sai na san abin da take nema wa kanta, ko da abin bai da kyan faɗa.

Darasi na biyu ya fi ba ni wahalar haɗiya. Leonor Maia, wadda aka haifa a Lourenço Marques, wato Maputo ta yau a Mozambik, ta yi finafinai da dama bayan wannan. Har ta ci kyautar gwarzuwar jaruma ta hukumar farfagandar gwamnati da fim ɗin Serra Brava na 1948. Wa ke maganarsa yanzu? António Ferro, shugaban wannan hukuma, raina finafinan barkwanci yake yi, manyan labaran tarihi yake so a zuba wa kuɗi. Sai ga shi talabijin ta zo a 1957, tashar RTP ta yi ta maimaita waɗancan na barkwancin shekara da shekaru, har jikoki suka haddace maganganun ɗan wasan barkwanci Vasco Santana. Abin da aka yi ta nunawa shi ya zauna a zukata. Saboda haka idan ina bincike kan wani jarumi, ba na tsayawa a kan abin da jama'a ke tunawa. Sai na nemi jerin ayyukansa, in kuma tambayi wane ne ya adana wanne, wanne aka bari ya ruɓe a gwangwani.

Mu ma mun san wannan hali, mutane nawa ne za su kira Samanja da Usman Baba Pategi?

Ni dai ban ɗauki abin da ya same ta a matsayin rashin sa'a ba, ko da yake wasu abokan karatuna haka suka gani. A 1953 ta auri wani hafsan sojan saman Amurka, ta ajiye fim gaba ɗaya. Ta rasu a Fotugal a 2010, kusan shekara sittin ba ta tsaya gaban kyamara ba. Jaridun ƙasar da suka ba da labarin rasuwar, da Tatão suka gabatar da ita ga masu karatu.