Gishiri da idon Kalatozov

Daren jiya na kalli wani tsohon fim mara sauti na ƙasar Jojiya, "Gishiri don Svanetiya" na 1930, kuma har yanzu hotunansa ba su bar zuciyata ba. Mikhail Kalatozov, wanda aka haifa a Tbilisi a 1903, shi ne ya ba da umarni, kuma yana cikin waɗanda suka riƙe kyamarar, domin tun kafin ya zama darakta ya yi aikin ɗaukar hoto.

An ɗauki fim ɗin a Ushguli da ke yankin Svanetiya na Jojiya, can ƙololuwar tsaunukan Kaukasus, inda dusar ƙanƙara ke toshe hanya tsawon watanni, gishiri ya yi wuyar samu. Kalatozov kan kafa kyamara daga ƙasa tana kallon sama, sai dogayen hasumiyoyin dutse su tokare gajimare, wani lokaci kuma ya karkata ta har mutum ya ji kamar ƙasar za ta zame da shi. Wurin da ya fi taɓa ni shi ne inda dabba take lasar gumin mutum don ɗanɗanon gishirin da ke jikinsa; sai da na tsayar na mayar da shi baya.

Ban manta cewa farfagandar Tarayyar Sobiyet ce ba, wadda Jojiya ke cikinta a lokacin, shi ya sa aka ƙare fim ɗin da aikin gina hanya zuwa yankin. Daga baya wani fim ɗin Kalatozov na 1957, wanda mai ɗaukar hoto Sergei Urusevsky ya ɗauka, ya lashe babbar lambar yabo ta bikin fina-finai na Cannes, a Faransa, a 1958.