Fim ɗin da ba a amsa sallama a cikinsa

A hunturun bara na ɗauki wani gajeren fim na minti 7 a Kano, da wayar hannu da makirfon aro. Ba waƙa, ba rawa, ba hira. Labarin ɗan ci-rani ne mai tura kurar ruwa, wanda ya yi wata uku a birni ba wanda ya tambayi sunansa. "Kai mai ruwa" kawai.

Da farko na ɗauka kaɗaici yana inda ba kowa. Muka yi sammako bayan sallar asuba muka hau gadar Ƙofar Nasarawa, hazo ya lulluɓe gari, titi fayau. Hoton ya yi kyau, amma da na zauna gaban kwamfuta sai na ga mutumin kamar mai shan iska. Ko ni bai ba ni tausayi ba.

Sai muka koma bakin Kantin Kwari da hantsi, inda kafaɗa ke gugar kafaɗa, 'yan dako na ihun a ba su hanya, A Daidaita Sahu sun cushe titi. Nan kuma Kanawa suka ɓata min shiri. Ina so ya ratsa taro ba mai kula shi, amma duk ɗaukar da muka yi sai wani ya ce masa sannu da aiki. Wani dattijo har tsayar da shi ya yi yana tambayar mutanen gida. Na so in yi fushi, to da wa?

Wajen haɗa hoto dabara ta zo. Na bar sallamarsa a sauti, na yanke duk amsoshin. Ya isa teburin mai shayi ya yi sallama, ana ganin leɓen mai shayi na motsi, amma ba abin da ke fita sai ƙugin janareta da ƙarar cokali a kofi. Na bar kyamara a kansa kusan minti biyu ba motsi. Abokin aikina ya ce ya yi tsawo, na ƙi ragewa.

Mun nuna shi a shagon wani aboki a Zoo Road, mu goma sha wani abu. Da aka zo wajen mai shayin, wani daga baya ya amsa da ƙarfi, "Wa alaikumus salam." Ba wanda ya yi dariya.