Lokacin da fim ɗin Indiya ba ya magana

Duk wanda ya saba da fim ɗin Indiya, waƙa nan rawa nan, zai yi mamaki in aka ce masa daga 1913 har 1931 babu murya ko ɗaya a finafinansu. Hoto ne kawai ke motsi, sai a rubuta magana a allo, makaɗa kuma na zaune a gefe suna kiɗa.

Tun 1896 aka fara haska hotuna masu motsi a otal ɗin Watson da ke Bombay, amma ni wanda ya tsaya min a rai shi ne Dadasaheb Phalke. Bawan Allahn nan ya kalli wani fim na Turawa, ya ce shi ma sai ya ga labaran ƙasarsa a allo, ya tafi Landan a 1912 ya koyo aikin ya sayo kyamara, ya dawo babu mai ba shi kuɗi. Sai ya shuka ƙwayar wake yana ɗaukar hotonta kullum kaɗan-kaɗan har ta tsiro, da wannan ɗan guntun fim ya shawo kan masu kuɗi. Matarsa Saraswati kuwa ita ce wankin fim, ita ce girkin 'yan wasa. Wallahi ba a ba matar nan haƙƙinta yadda ya kamata.

A watan Mayun 1913 fim ɗin Phalke mai suna Raja Harishchandra ya fito a silimar Coronation. Mata sun ƙi yin wasan don a lokacin abin kunya ne, dole wani saurayi mai aiki a gidan abinci, Anna Salunke, ya ɗaura sari ya fito a matsayin sarauniya.

Abin da ke min ciwo, an yi finafinai marasa magana sama da 1,300 amma waɗanda suka rage ba su kai 30 ba, wasu ma guntaye ne. Zaren fim na wancan zamanin saurin kama wuta gare shi, wasu kuma an sayar da su an cire azurfar da ke jiki. Ba don P.K. Nair na ma'ajiyar finafinai ta Pune ba, wanda ya je har Nashik wurin iyalan Phalke ya karɓo abin da ya saura, da wuya mu ga 'yar Phalke, Mandakini, tana wasan Krishna, abin bautar mabiya addinin Hindu, a wani fim ɗin mahaifinta na 1919.