Uwar Garwashi

Asabar, bayan sallar isha'i. Hunturu ya kankama a Bauchi, ƙura ta rufe duwatsun gari tun safe, leɓena duk ya tsage.

Sati uku ke nan ina kokawa da babi na huɗu na labarina. A ƙasar da na ƙirƙira, rana wata uku kacal take fitowa a shekara, sauran watannin duhu ne da sanyi. Sai maƙerin sarki ya ƙera wata na'ura da na sa wa suna Uwar Garwashi: tulun tagulla mai baki bakwai, ka murɗa mariƙinta, ka raɗa mata kalma ɗaya, wuta ta tashi. Na yi ta alfahari da ita, har ƙanena ya karanta jiya ya ce, "Yaya, ai wannan risho ne kawai aka sa wa aljani a ciki." Na ji haushi, don gaskiya ya faɗa.

Da safe ina cikin dama koko gas ya ƙare. Ba wutar NEPA, kwalin ashana kuma wayam. Inna ta miƙo min fasasshen kasko ta ce in shiga maƙwabta in ɗebo wuta. Rabona da yin haka tun ina firamare. Na shiga da niyyar minti biyu, sai da na kusan awa. Na ji wadda ta haihu, na ji wadda aka sa wa rana, aka ba ni ƙosai uku, tsohuwar gidan ta tsare ni da tambayar yaushe za a sha bikina. Da na dawo garwashin ya kusa mutuwa. Inna ta ce, "Ɗibar wuta na aike ki ko kwana?"

Bayan azahar na ɗauki tukunyar gas a Keke Napep, na cika, na biya ta maƙerar Kawu. Na same shi yana gyaran fartanya, yaronsa na kan zugazugi. Na ba shi labarin na'urata, yana saurare yana juya ƙarfe da awartaki, bai ɗago ba.

"Me take ci?" ya tambaya.

"Kawu, ba ta cin komai. Ta tsafi ce."

"Uwata, ko tsafi ai sai an yanka masa kaza."

Ya nuna min buhun gawayinsa. Na ƙirya ne, ya ce shi maƙera ke nema saboda itacen yana da tauri, garwashinsa na daɗewa, zafinsa na isa ya tausasa ƙarfe. Ko shi ɗin ma, in yaro ya saki zugazugi wutar kwanciya take yi. Daga nan ya shiga ciki ya fito da wata tsohuwar jakar fata ta kakanmu. Ƙyastu ne a ciki, wato ƙarfen ƙyasta wuta, da dutsen ƙanƙara, da ɗan audugar rimi. Ya ƙyasta sau biyar ko shida, tartsatsi ya faɗa kan audugar, ya tallabe ta a tafin hannu yana hurawa a hankali kamar mai lallashin jariri, sai ga hayaƙi. Abin da ya tsaya min a rai shi ne da ya ce tartsatsin nan ba daga dutsen yake fitowa ba. Dutsen ne ke kankare ƙarfen, ɓarɓashin ƙarfen ne ke ƙonewa. Na duba bakin ƙyastun, ya lotsa a tsakiya. Shekaru ya yi yana cin kansa.

A hanyar gida na tuna zuwanmu Yankari da makaranta, da ruwan Wikki mai ɗumin digiri 31 dare da rana, rani da damina. A lokacin na ɗauka ɗumin banza ne, ashe daga cikin ƙasa ruwan yake kwaso shi.

To yanzu na san abin da Uwar Garwashi take ci. Ba ta haifar wuta, sata take yi. Duk sanda aka murɗa ta a fada, murhun wani gida a bayan gari ya mutu, kuma ba wanda ya san dalili. Baki bakwai, murhu bakwai. Attajirai za su sayi ƙananan irinta, su daina aika 'ya'yansu maƙwabta, su sa a toshe ƙofofin da ke tsakanin gidaje. Kalmar da ake raɗa mata kuwa, ina ganin sunan maƙwabci ce. Wannan ɗin ban gama yanke shawara ba, yana iya yin muni da yawa.

Na goge shafi shida na rubuta biyu. Na tsaya daidai inda wata yarinya ke tsaye da kasko a hannu, tana sallama a ƙofar da a da ba a rufe ta. Cajin wayata saura 9, har yanzu ba su kawo wuta ba, kuma Inna na kira in zo in rufe garwashin da toka saboda gobe.